Kafin Alƙalamin Jami'a

A shekarar da tumatir ya yi kuɗi, wato 2007, Malam Isiyaku ya buɗe asusu a banki ba don yana so ba. Mutumin da ke sayen kayansa a Legas ne ya ce ya gaji da aiko kuɗi a hannun direbobi ana tare su a hanya. Tun daga nan duk motar da aka loda masa a kasuwar Kwanar Gafan, kuɗinta banki yake faɗawa. Shi kuwa Malam Isiyaku bai taɓa yarda da kuɗin da bai ji nauyinsa a aljihu ba. Saboda haka duk ƙarshen wata sai ya hau babur daga ƙauyensu da ke bakin babban kanal, ya shiga Kura, a buga masa takardar bayanin asusu, ya ninke ta ya tura cikin hula, ya kawo gida a karanta masa.

Mai karatun kuwa 'yarsa ce, Saliha.

Saliha ta gama sakandare da sakamakon da ba ta jin kunyar nuna wa kowa. Sau uku tana rubuta jarrabawar shiga jami'a, kuma ko sau ɗaya ba ta roƙi kowa kuɗin fom ba. Da rani ta bi mata tsinkar tumatir, da kaka ta yi shiƙar shinkafa har ƙaiƙayi ya ɓata mata wuya, ta tara ta saya. Sau ukun nan makinta na zuwa bakin ƙofa ya tsaya. Da aka kafe sunaye a karo na uku, ta je da ƙafarta ta bi allon daga sama har ƙasa, ta sake binsa daga ƙasa zuwa sama, babu ita. Ranar da ta dawo Malam Isiyaku ya ce maganar jami'a ta ƙare a gidansa, ta riƙe koyarwar da ta samu a 'yar firamaren bayan masallaci. Ba ta yi kuka a gabansa ba. Littattafanta ma ba ta ba kowa ba, ta ɗaure su a leda ta tura ƙarƙashin gado.

Ran nan da hantsi ya shigo da takardar, ya zauna a kan tabarma, ita ta jawo kujera 'yar tsugunno.

"Wannan na Legas ne ya shigo," in ji ta, tana bin layi da yatsa. "Wannan kai ka cira, na taki. Wannan kuma banki ne ya ɗauki ladan aikinsa."

"Aikin me? Zama a cikin sanyi?"

"Haka dai suka rubuta, Baba."

"Ci gaba."

Ba ta ci gaba ba. Yatsanta ya tsaya a kan wani layi da ba ta taɓa ganin irinsa ba. An cire naira dubu goma sha biyar, a gefe kuma ga sunan jami'a a gajarce, jami'ar nan dai da ta nema, da wasu kalmomin Turanci guda biyu.

"Mene ne?" Malam Isiyaku ya miƙo wuya.

"An cire kuɗi, an biya jami'a."

"Na me?"

"Kuɗin amsa gurbin karatu ne. Wanda ɗalibi ke biya idan an ɗauke shi."

Sai da maganar ta fita ta ji nauyinta. Malam Isiyaku ya cire hula, ya leƙa cikinta kamar akwai sauran bayani a ciki, ya mayar.

"Sun ɗauki kuɗina ke nan."

"Baba, an dai cire..."

"Yaushe?"

"Tun makon jiya."

"Sun ɗauka, sun kwana da shi, ba su dawo da shi ba." Ya miƙe tsaye. "Iyatu! Ke Iyatu! Bar wankin nan ki fito, an ɗauki 'yarki!"

Duk wanda ya yi noman rani a ƙasar nan ya san abin da ke ran Malam Isiyaku. Idan kana son hayar fili a inda ruwan kanal ke kaiwa, za ka je wurin mai shi ka ajiye masa wani abu, kafin alƙalami ke nan. In ya sa hannu ya karɓa, magana ta ƙare. Ko wani ya zo da ninkin kuɗin, filin naka ne. Malam Isiyaku ya taɓa kai wani attajiri gaban dagaci a kan irin wannan, ya kuma yi nasara, har yau yana ba da labarin a majalisa da muryoyin duk waɗanda suka yi magana a ranar. A wurinsa babu bambanci tsakanin mai fili da jami'a. Wanda ya karɓa ya sallama.

Iyatu ta fito da kumfa a hannu, ta ji bayani, ta kama hanci ta rangaɗa guɗar da ta tashi tantabarun maƙwabta. Kafin Saliha ta haɗa kalma biyu, Gwaggo Tambaya, yayar Malam Isiyaku, ta faɗo gidan takalmi ɗaya a ƙafa.

"Wa ya haihu?"

"Saliha ce ta samu jami'a!"

"Ahayye! Dakta! Zo nan in taɓa ki tun ba a fara biyan kuɗin ganinki ba!"

"Gwaggo, ni ba likitanci na nema ba."

"Yi mini shiru. Wannan gwiwar tawa ke take jira."

Kafin azahar gidan ya cika. Wata ta kawo bokiti, wata ƙuli-ƙuli, wata ta kawo garin kunu ta ce an gaya mata 'yan jami'a yunwa ke kashe su. Matar mai injin casa ta aiko da akwatin ƙarfe da ta ce na aurenta ne, a yi hankali da marfin. Malam Isiyaku ya fita majalisa ya dawo da murya a shaƙe, ya ce a kama ɗan akuyan nan na bayan rumbu, gobe za a yanka.

Abin da ya fi ba Saliha haushi shi ne ita ma ta kamu. Ta san sarai jami'a ba ta da hannun da za ta zura a asusun mutum. Sai wani ya je banki ya cike takarda ya sa hannu. Ta san sunanta ba ya kan allo. Amma da aka yi ta kiranta Dakta, aka yi ta rungumar ta, sai wani abu ya fara yi mata tsalle a ƙirji. To in an fitar da jerin sunaye na biyu fa? In akwai wata sabuwar hanya ta kwamfuta da ba ta sani ba fa? Da la'asar ta ɗauki tulu ta ce za ta ɗebo ruwa, alhali randa a cike take. Ta hau kan gaɓar kanal, inda babu kowa sai balbela, ta ajiye tulun ta yi juyi sau biyu da hannuwa a buɗe, tana dariya ita kaɗai. Ta gwada irin tafiyar da za ta yi a harabar jami'a, littafi a ƙirji, kai a sama. Ta gaida shukar albasa da Turanci. Daga nan ta zauna a bakin siminti ta sa ƙafa a ruwa, sanyin ya dawo da ita hayyacinta.

Da ta koma ta ja uwarta gefe.

"Iya, ina jin kuskure ne fa."

"Kuskuren wa?"

"Na banki."

"Ke dai ba kya son abin arziki. Banki guda da masu taye a wuya zai yi kuskure? Je ki ci abinci."

Washegari da sassafe ta tare mahaifinta yana shirin kiran mahauci. Ta ce kafin a yanka komai tana so a je banki a ji yadda aka yi. Ta yi zaton zai yi faɗa. Sai ya ce ai kuwa ta yi tunani, ya kamata a je a yi musu godiya. Ya shiga ɗaki ya fito da babbar rigar da yake zuwa Idi da ita. Ya ce yau ba ranar babur ba ce, suka tari mota a bakin titi. Kafin su kai Kura babu fasinjan da bai san ana tafe da 'yar jami'a ba, har kwandasta ya ce a bar kuɗinta.

A banki aka nuna musu teburin wani matashi mai gilashi, an rubuta Jamaluddeen a ƙirjin rigarsa. Malam Isiyaku ya kama hannunsa da hannu biyu.

"Allah ya yi maka albarka, ɗan nan. Kai ka tura?"

"Na tura me, Baba?"

Saliha ta shimfiɗa takardar a kan teburin ta ɗora yatsa a layin. "Wannan muke tambaya. Mai asusun bai ba da umarni ba, bai sa hannu a komai ba. Ina so in ga takardar da aka cike aka cire kuɗin."

Jamaluddeen ya dube ta, ya dubi layin, ya ce wataƙila wani ɗan gidan ne ya biya bai faɗa ba, su koma su bincika tukuna. Ta ce ita ce kaɗai 'yar gidan da ke neman jami'a, kuma ga ta a tsaye. Ya ce ranar yau akwai cunkoso. Ta ce ba ta da aji sai gobe, ta jawo kujera ta zauna. Ya tashi ya shige ciki.

Ya daɗe. Malam Isiyaku ya cika lokacin da yi wa mai gadi bayanin yadda ake neman jami'a. Da Jamaluddeen ya dawo, yana riƙe da wata 'yar takarda shuɗiya, fuskarsa kuma ta sauya.

"Baba, ku yi haƙuri, laifinmu ne. Wani bawan Allah daga Madobi ya zo ya biya wa ɗansa daga asusunsa. Rana ɗaya kuka buɗe, lambarsa na bin taku. Mai shigarwa ya danna taku a maimakon tasa. Yau ɗin nan za mu mayar muku da kuɗinku."

Saliha ta san haka za ta ji. Duk da haka sai da ta damƙe gefen kujera.

"A mayar?" in ji Malam Isiyaku. "A mayar da me?"

"Kuɗinku, Baba."

"Ban karɓa ba."

"Na'am?"

"Na ce ban karɓa ba. Ina aka taɓa mayar da kafin alƙalami bayan ya kwana? Jami'a ta ci kuɗina ko ba ta ci ba?"

"Ta karɓa, amma da sunan wancan yaron."

"Da kuɗin wa?"

"Da naku, amma..."

"To gurbin na wane ne? Kai ɗan nan, in na biya fili ka rubuta sunan wani a kai, shi zai noma? Me yaron zai karanta?"

Jamaluddeen ya duba takardar kamar mai neman mafaka. "Injiniya."

Malam Isiyaku ya juyo. "Saliha, kin iya injiniya?"

Wata mata a layi ta tuntsire da dariya, wani dattijo mai ƙamshin albasa ya ce wallahi maganar Malam a kan hanya take. Nan da nan layi ya rabu biyu. Masu noma suka ce wanda ya biya shi ke da abu. Wani malamin makaranta ya ce ba haka doka take ba, aka ce masa ya bari manya na magana. Mai gadi ya bar ƙofa ya matso. Malam Isiyaku ya tattare babbar riga ya hau labarin attajirin da ya kayar a gaban dagaci, har ya fara kwaikwayon muryar dagacin.

Dariya ta taso wa Saliha, irin wadda ke tafe da hawaye, ta rufe baki da mayafi kafaɗunta na rawa. Wannan mutumin ne ya ce maganar jami'a ta ƙare a gidansa. Ga shi yana neman ƙwace mata injiniya daga hannun ɗan mutane. Ta bari ya kai inda attajirin ya sunkuyar da kai, sannan ta miƙe.

"Baba, ba na so."

Kowa ya juyo gare ta, ta ci gaba:

"Yaron nan ya zauna ya rubuta jarrabawa ya ci. Nasa ne. Ni ba na son gurbin kowa, nawa nake nema." Ta juya ga Jamaluddeen. "A mayar da kuɗin. Da ladan da banki ya ɗauka a kansa, ga shi nan a layin ƙasa, shi ma a mayar. Kuma kada a taɓa rajistar yaron, ku gyara tsakaninku da mahaifinsa. Ba ni takarda in rubuta ƙorafin."

Ta rubuta a tsaye, ta karanta wa mahaifinta da Hausa, ta miƙa masa biro. Ya dube ta ya dubi jama'a. Ya sa hannu da ajami, a hankali, kamar mai sa hannu a takardar sayar da gonarsa.

Da suka fito bai nufi tasha ba. Ya samu benci a rumfar mai shayi da ke kallon bankin ya zauna, rigar Idin ta zube a ƙasa bai ɗage ta ba. Motocin shinkafa na wucewa. Can ya ce, ba tare da ya dube ta ba:

"Liman ya yi miki addu'a da asuba. Da suna."

Ya ci gaba yana lissafi da yatsu:

"Na gaya wa dagaci. Na gaya wa mutanen Kwanar Gafan. Har na Legas na sa an buga masa waya." Ya share fuska. "Tambaya kuwa, in ta ji, sai na bar mata garin."

Saliha ta zauna a ɗaya ƙarshen bencin. Lokacin da suke jiran Jamaluddeen, idonta ya faɗa kan wata sanarwa da aka manna a jikin ginshiƙi, ta karanta ta har ta haddace. Tun ɗazu take juya ta a baki.

"Baba, jami'ar nan tana da karatun sharar fage. Shekara ɗaya. Wanda ya ci sai ya wuce zuwa ajin farko na jami'a ba tare da ya koma waccan jarrabawar ba. A bankin nan ake sayar da fom ɗin, kuma sakamakona ya isa."

Ya ɗago. "Jami'ar ce dai?"

"Ita ce. Ƙofa ɗaya ake shiga."

"To ai shi ke nan! Sai mu ce..."

"A'a. Ba za mu ce komai ba. Ni zan gaya musu da bakina ba a ɗauke ni ba, kuskuren banki ne."

"Ke wace irin yarinya ce? Ana rufa miki asiri kina yayewa?"

"Ban yi abin kunya ba, Baba, faɗuwa na yi. Sau uku, kowa ya sani. Abin da nake so in sani shi ne abin da zan faɗa bayan nan. Ko in ce ba a ɗauke ni ba, gobe ina aji da 'yan firamare. Ko in ce ba a ɗauke ni ba tukuna, Baba ya saya mini fom."

Mai shayi, wanda ya daina fifita wuta tun da suka fara, ya ce, "Alhaji, na biyun ya fi daɗin faɗa."

"Wa ya sa da kai?"

Malam Isiyaku ya yi ta kaɗa ƙafa. Ya tambayi inda za ta kwana, ta ce akwai ɗakunan mata a cikin makaranta. Ya tambayi wanda zai riƙa karanta masa takardar banki, ta ce za ta riƙa zuwa ƙarshen wata. Ya ce in an sayi fom ɗin an ɗauke ta ke nan? Ta ce a'a, sai sun duba, suna iya ƙi.

"In suka ƙi fa?"

"Sai in sake nema baɗi. Wannan ma ina so ka yarda da shi tun yanzu, a nan, gaban mai shayi."

"Ka ga irinta ko," ya ce wa mai shayin. "An ba ta hannu tana neman kafaɗa. Uwarta ce sak." Ya miƙe ya kakkaɓe riga. "Tashi mu je kafin su rufe, masu taye ba su da tabbas."

Jamaluddeen na hango su ya ɗan ja baya da kujerarsa. Da ya ji abin da ya kawo su ya saki ajiyar zuciya, ya kawo fom da kansa. Saliha ta rubuta sunanta da manyan baƙaƙe. Ta ɓata harafi ɗaya ta gyara, tana ta murmushin da ta kasa ɓoyewa. Matar nan da ta yi dariya a layi ta leƙo ta ce Allah ya sa a dace, injiniya.

A mota Malam Isiyaku ya yi ta gwada yadda zai yi wa majalisa bayani. "Wato jami'a hawa biyu ce, akwai ta ƙasa akwai ta sama." Ta ce ba haka ba ne. "To wato sun ce ta fara zuwa su ga hankalinta." Ta ce wannan ma ba haka ba ne. Ya ce ta ƙyale shi, majalisarsa ce.

Da suka sauka ba ta jira shi ba. Ta cusa fom ɗin cikin mayafi ta bi gaɓar kanal da sauri, saurin ya koma gudu, wasu masu ban ruwa suka ɗago suna kallon malamar firamare na tsallake bututu kamar 'yar shekara goma. Ta faɗa gida tana haki. Mata sun fi na jiya yawa, Iyatu na tsugune gaban murhu tana suyar waina, Gwaggo Tambaya na rabon aiki daga kan tabarma.

Saliha ta tsaya a tsakar gida ta faɗa musu duka, da ƙarfi, ba ta rage komai ba: kuskuren banki, yaron Madobi, kuɗin da aka mayar, fom ɗin da aka saya. Gwaggo Tambaya ta saki salati ta dafe ƙirji. Wata ta fara yi wa Saliha jaje, ta ga fuskarta, ta rasa yadda za ta ƙarasa.

Iyatu ba ta ɗago daga tanda ba. Ta juya waina ɗaya, ta juya ta biyu.

"Shi Malam ɗin ne ya saya da hannunsa?"

"Da hannunsa, Iya."

"Ya ce in sun ƙi ki sake?"

"Ya ce."

"To me kuke tsaye kuna kallonta? Ke kuma cire mayafin nan ki zo ki kama mini, ƙullun nan ba zai soya kansa ba."